Moɗar da Jemi Ta Gina wa Ubanta

Lahadi, 30 ga Mayu 2021, bayan an taso coci

Shekara bakwai ke nan saura kaɗan ina tambaya guda ɗaya, har yau ba a sami mai bakin amsa mini ba. Ina ɗana Joel? Ban roƙi buhun shinkafa ba, ban roƙi tabarma ba. Na bi ofis-ofis daga Jimeta har cikin Yola sai da takalmina ya huje. Wannan ya ce in kawo hoto, na kawo. Wancan ya ce oga ya fita, in dawo mako mai zuwa. Wata yarinya tana danna waya ta ce mini, “Baba, ba kai kaɗai ba ne fa.” Na san ba ni kaɗai ba ne. Amma shi kaɗai ne gare ni.

Joel malamin firamare ne a wani ƙauye gaba da Mubi. Ranar da mutanen nan masu bindiga suka shigo, ya ɗora matarsa Fibi da jaririyarsu a bayan mashin ɗin wani, ya ce su yi gaba, shi zai koma ya tattaro yaran ajinsa. Iyakar abin da na sani ke nan. Wanda ya ce ya san fiye da haka, ya zo ya faɗa mini ido da ido.

Ni Zadok ban yi makaranta ba. Kifi na kama a Numan har bayana ya ƙi, Joel ya ɗauko ni ya ajiye a gidan nan na Alkalawa. Baƙaƙen nan ma a ajin yaƙi da jahilci na coci na tsince su, gemuna ya riga ya yi fari. Ina rubutawa ne don mutane sun fara tsallaka titi idan sun hango ni.

Yau Fasto ya ja ni gindin darbejiya. Wai Wilson, mai aiki a gidan burodin bayan layinmu, ya kai maganar auren Fibi gaban dattawa. Wai ba za a ɗaura komai ba sai dangin miji sun sake ta, dangin miji kuwa ni ne. Wai kafin nan sai a yi wa Joel addu'a a coci, irin wadda ake yi wa waɗanda... ba zan rubuta ba. Dattawa za su zo gidana Larabar bayan Ranar Uba su ji ta bakina.

Na ce, “Fasto, ka gan shi ne?”

Ya ce, “Baba, ba haka nake nufi ba.”

Na ce, “To, idan ka gan shi sai ka zo.”

Talata, 1 ga Yuni, da sassafe

Kwanon ɗakina ya fara ɗiga ta kusurwar gabas. Wilson ya aiko da burodi. Kajin maƙwabta sun ci.

Alhamis, 3 ga Yuni, da la'asar

Jikata Jemimah ta dawo da saƙo daga Malama Keturah ta makarantar Lahadi. Kowane yaro ya haɗa wa ubansa kyauta da hannunsa kafin Ranar Uba, za a miƙa a gaban jama'a. An ba su zaɓi. Ko kati na kwali a manna masa wake da gam, ko gwangwanin madara a naɗe shi da zare a ce na ajiye biro ne, ko yaro ya tsoma tafi a fenti ya danna a takarda. Akwai ma wata hular takarda wai kambin sarki. Bara na ga Marvelous mai gyaran rediyo, ƙato da shi, yana zaune da kambin kwali a kai har aka tashi, gumi ya jiƙa shi ya rufto masa a ido.

Na ce wa Jemi, “Amaryata, a gidanmu ba a ba uba shara.”

Ta ce, “Mijina, kai komai shara ne a wajenka.”

A gidanmu yumɓu ake ginawa. Haka ubana ya yi da ni, haka na yi da Joel. Yaro ya je bakin kogi ya ɗebo, ya gina abin da ransa ke so, ya shanya. Amma ba ya kai shi wuta. Uba ne ke kaiwa. Uba ya tona garwashi ya binne, ya zauna ya tsare, da safe ya ciro ya ƙwanƙwasa da farce yaron ya ji ƙara. Daga ranar abin ya zama na uban. Ba kawu ke yi ba, ba kaka ba, ba maƙwabci ba. Kifin da Joel ya gina mini yana ɗan shekara biyar, da hannun nan na ciro shi daga toka, har yau tabon ƙunar na nan a babban yatsana.

Tun Jemi na shekara uku take gina wa ubanta abu duk shekara. Suna jere a kan katakon da na kafa a ɗakina. Na farko tafin hannunta ne kawai a kan faifan yumɓu, ɗan mitsitsi, ƙaramin yatsan bai ma fita ba. Sai kifi mai kama da dankali. Sai kwalekwale. Sai saniya mai ƙafa uku, ta ce ta huɗun tana cikin ciyawa. Duk ɗanyu ne, ko ɗaya ban kai wuta ba. Suna jiran mai su.

Fibi ta taɓa cewa in gasa su kada su lalace. Na tambaye ta ko ni ne uban. Ba ta sake ba.

Asabar, 5 ga Yuni, da hantsi

Mun je bakin Binuwai ni da Jemi. Ruwa ya fara hawa, sai da muka yi nisa kafin na sami wurin da yumɓun ke da danƙo. Na nuna mata yadda ake tsince tsakuwa da yadda ake zuba ɗan yashi don kada ya tsage. Hannunta irin na ubanta ne, babban yatsa mai lanƙwasa baya.

Na ce, “Bana me za a gina? Ƙafar saniyar nan da ta ɓata?”

Ta ce, “Moɗa.”

“Moɗa kuma? Kin ga uba ya rasa moɗa?”

“Mama ta ce da ƙafa mutane suka taho daga can. In ya iso zai ji ƙishi.”

Na ce rana ta yi zafi, mu tafi gida.

A hanya ta tambaye ni ko kunnen babanta manya ne irin nawa. Na ce sun fi nawa. Ta ce, “Kai, ashe ya sha tsokana.” Ya sha kuwa.

Lahadi, 6 ga Yuni, da azahar

Wilson ya zauna layi biyu a bayanmu. Da aka ce a gaisa da juna, na sunkuya ina gyara takalmi.

Talata, 8 ga Yuni, da yamma

Moɗar ta bushe. Bakinta a karkace yake, gindinta ya yi kauri, ta zana mata ɗigo-ɗigo da tsinken tsintsiya. Na ɗora ta a katako kusa da saniya.

Sai ga Wilson da falle biyu na kwano a ka, da ƙusa a aljihu. Ya durƙusa a ƙofar gida kamar mutumin kirki.

“Baba, barka da yamma. Na ji ɗakinka na ɗiga. Na ce bari in zo kafin ruwa ya yi ƙarfi.”

Na ce, “Wa ya gaya maka?”

“Ai daga titi ma ana ganin tsatsar, Baba.”

“To ka riƙa kallon gabanka idan kana tafiya a titi.”

Ya yi murmushi. Abin da ya fi ba ni haushi da shi ke nan, ba ya fushi. Ya ce aikin ba zai kai faɗuwar rana ba. Na ce Joel ne ya buga rufin nan da hannunsa a hutun da ya zo, kuma shi zai cire abin da ya buga. Na ce wanda ya hau rufin mutum yau, gobe ɗakinsa zai shiga. Fibi na bakin murhu, na ji ta ajiye ludayi da ƙarfi.

Ya ce, “Baba, ni ma na baro mutane a Michika. Matata da ɗana. Ni na ga nawa da idona.”

Na ce, “To kai an amsa maka.”

Ya daɗe a durƙushe. Sannan ya jingina kwanon a bangon waje ya tafi. Yana nan jingine. Ban taɓa ba, ba zan taɓa ba.

Na sa tsohuwar roba a inda ke ɗiga. Ta isa.

Alhamis, 10 ga Yuni, da safe

Jemi ta zuba wa moɗar ruwa kaɗan don ta gwada, gindin ya fara laushi. Ta rugo da gudu.

“Kaka, tana narkewa! Ka sa mini ita a wuta.”

Na ce, “Babanki zai sa.”

“To da me zai sha ruwan in ya iso? Sai ya jira an gasa?”

Na ce yaran yanzu sun cika magana.

Bayan ta tafi makaranta Fibi ta shigo ta durƙusa. Shekara bakwai tana dafa mini, tana wanke mini, da ɗinkin da take yi muke ci, wannan ba zan ɓoye ba. Ko sau ɗaya ba ta taɓa ɗaga mini murya ba. Yau ma ba ta ɗaga ba, da ma ta ɗaga.

“Baba, ina da shekara ashirin da uku ranar da ya ɗora ni a mashin. Yanzu ga furfura nan, duba.”

Na ce ban ga komai ba.

“Ba na ce ka manta da shi ba. Ni ma ban manta ba. Amma in an tambaye ni a asibiti, matar aure ko gwauruwa, sai in tsaya ina kallon nas. Jemi kuma ta fara faɗa wa yara babanta na hanya. Suna mata dariya, Baba.”

Na ce, “Ƙarya ta yi?”

Ta ce, “Ban sani ba. Kai ma ba ka sani ba.”

Na ce ta tashi, wake na ƙonewa. Ba wake a wuta. Ta tashi.

Asabar, 12 ga Yuni, da magariba

Na tafi Makama wajen Hamajoɗa don in huta da fuskokin gidan nan. Abokina ne tun ina tsallakar da shanunsu a kogi, shi yana rawar jiki a cikin kwalekwale yana kiran sunan Allah da na nagge a haɗe. Na same shi a zaure da buta, ya tare ni da gaisuwarsu ta Fulatanci.

“Jam na, ɗan kifi? Har yanzu ba a soya ka ba?”

Na ce, “Jam. Kai ma na ga har yanzu iska ba ta ɗauke ka ba, ɗan nagge.”

Asta matarsa ta kawo fura. Na ba shi labari duka, ina jiran ya ce na yi daidai. Sai ya yi ta juya ludayi.

“Soobajo, abokina, mu a wajenmu akwai iyakar jira. In miji ya ɓace, alƙali na yanka wa mace lokaci. Kai ka fi alƙali ne?”

“Ni uba ne.”

“Ita kuma 'yar wani ce. Da 'yata Khadijah ce aka rataye haka a gidan miji, wallahi da tuni na zo da sanda.”

Na ce ashe furar da ya ba ni ta sallama ce. Ya ce in zauna, hadari ya haɗo. Na ƙi. Kafin in sami keke mai ƙafa uku ruwa ya sauko da iska irin wadda ke cire alluna. Muka maƙale a hanyar Jimeta, ruwa har gwiwa, direba na zagin kowa.

Na iso gida. Fibi ta kai ɗinki, ta tafi da Jemi. Iska ta ɗaga fallen gabas ta naɗe shi kamar tabarma.

Robar ta cika, tana iyo.

Katakon yana nan.

Lahadi, 13 ga Yuni

Ban je coci ba.

Litinin, 14 ga Yuni, da hantsi

Na kankare narkakken yumɓun da ke kan katakon da cokali na zuba a ƙwarya. Ba a gane komai. Ƙahon saniya ɗaya kawai na tsinta a ƙasa, shi ma da na ɗauka ya murƙushe. Tafin hannun ne ya fi ci mini rai. Hannun nan ya girma, ba za a sake samun irinsa ba. Joel bai taɓa ganin hannunta a wannan girman ba, na ajiye masa ne ya gani.

Laifin masu sayar da kwano ne, yanzu kwano kamar takarda. Laifin Hamajoɗa ne da ya tsare ni da surutu. Fibi ma, wa ya ce ta fita ranar hadari?

Jemi ta tsaya a bakin ƙofa ta kalli ƙwaryar. Ba ta yi kuka ba. Da ta yi, da na san abin da zan ce.

Ta ce, “Da an gasa su, da ba su narke ba ko?”

Na ce, “Amaryata, zo ki ji.”

Ta ce, “Ina da aikin gida, Kaka.”

Tun Asabar ba ta kira ni mijinta ba.

Na ɗaure buhun leda a wurin da kwanon ya tashi. Na wancan mutumin na nan jingine a waje, ruwa ya wanke shi yana ta ƙyalli.

Laraba, 16 ga Yuni, da yamma

Akwai yumɓu a ƙarƙashin farcen Jemi. Ni ban kai ta kogi ba. Na tambaya, ta ce wasa suka yi. Na tambayi uwarta, ta ce zare ya ƙare mata, bari ta je kasuwa.

Alhamis, 17 ga Yuni, da safe

Na sake komawa ofishin nan na kusa da babban titi. An canza fenti, an canza mai gadi. Amsar ba a canza ba.

Asabar, 19 ga Yuni, da la'asar

Yaran layi duk suna yawo da kwali da gam. Ɗan gidan Othniel ya manna wake a kati, akuya ta cinye rabin sunan uban, yana ta ihu. Jemi ba ta da kwali, ba ta kuma nemi ko sisi na gam ba. Rigarta na warin hayaƙin itace. Mu da gawayi muke girki.



Lahadi, 20 ga Yuni, bayan an taso coci

Zan rubuta yadda ya faru, don kada gobe a ce na ƙara.

Aka gama wa'azi, Malama Keturah ta jero yara a gaba. Aka ce iyaye maza su miƙe a inda suke. Ni ban miƙe ba, ɗana ba ya cikin masu miƙo kyauta. Wilson ma bai miƙe ba, na lura, kansa na ƙasa. Aka buga ganga, yara suka watsu cikin jama'a, kowa na neman nasa. Kambin kwali, gwangwani, kati, ana ta dariya ana tafi. Marvelous ya sake samun hula.

Jemi ta rage ita kaɗai a gaba, da abu a naɗe cikin ɗankwalin uwarta. Malama ta sunkuya ta yi mata raɗa, ta nuna mata wajen mata, wato ta kai wa uwarta. Jemi ta girgiza kai. Ta biyo tsakiyar coci a hankali. Layinmu na hannun dama, na Wilson na baya kaɗan a hagu. Ta zo daidai tsakani ta tsaya. Na riƙe sandata, na ce a raina in ta wuce ni, zan tashi in fita kuma ba zan sake taka cocin nan ba.

Ba ta wuce ba. Ta zo ta ɗora mini a cinya.

“Kaka, ka ajiye wa Babana. Wannan ruwa ba zai cinye ta ba.”

Na buɗe. Moɗa ce, bakinta a karkace, da ɗigo-ɗigon tsinken tsintsiya. Amma ja ce. Ja, da baƙin tabo a gefe inda garwashi ya kwanta mata. Hannuna ne ya yi, ba ni ba, na ƙwanƙwasa da farce. Ta yi ƙara.

Jama'a suka yi ta tafi. Wata tsohuwa daga wajen mata har da guɗa. Su ba su san abin da suke tafa wa ba. Fibi ta sani, shi ya sa ta rufe fuska da gyale.

Na ce, “Wa ya kai ta wuta?”

“Kawu Wilson. A gefen tandarsu ta bushe, ya binne ta a garwashi. Bai tafi gida ba sai da ta yi. Har ya ƙone a yatsa.”

“Ban gaya miki wanda ke kaiwa ba?”

“Ka gaya mini. Aro na yi, Kaka. Na ce ya ara wa Babana hannu, in ya dawo sai ya mayar masa.”

Aka ta da waƙa. Kowa ya miƙe. Na zauna da abin a cinya har aka share coci.

Litinin, 21 ga Yuni, da safe

Ban ɗora ta a katako ba. Ban kuma fasa ta ba. Na ɗaga ta sau ɗaya, gaskiya, sai na ga sawun babban yatsanta a ciki.

Tana kan kujera. Ni ina kan tabarma.

Litinin, da la'asar

Na aika a kira shi. Ya zo da garin fulawa har gira, da tsumma ɗaure a yatsa.

Na ce, “Ka san abin da ka yi?”

“Jiya Fibi ta gaya mini, Baba. Wallahi kafin nan ban sani ba. Mu a wajenmu mata ke gasa tukwane, ba ruwan uba. Yarinya ta zo da abu a hannu tana roƙo, ga wuta a gabana. Me zan ce mata?”

“Da ka sani fa?”

Na so ya yi ƙarya, da na samu abin riƙewa.

Ya ce, “Da na sani, da na zo na tambaye ka. Da ka hana. Da kuma ban san yadda zan kalle ta ba.”

Na ce ya nuna mini yatsan. Ya kwance. A babban yatsa ne, gefen farce. Na mayar da hannuna cikin riga.

Ya ce, “Baba, ban zo in zama Joel ba. In ya shigo gobe, ni zan fara tashi in ba shi wuri.”

Na ce kowa na iya faɗin haka tun da ya san hanyar Mubi ba ta dawo da kowa. Da na ji abin da bakina ya faɗa, sai na ce ya tafi.

Yana bakin ƙofa na ce tsani na bayan ɗaki, in yana so. Ban ce don shi ba. Ledar ce ta yage.

Talata, 22 ga Yuni, da azahar

Yana sama yana bugawa tun safe. Kowace ƙusa a kaina take sauka. Tsofaffin ƙusoshin da ya cire na ce ya miƙo mini su, ya miƙo, bai tambayi dalili ba.

Jemi ta leƙo ta ce, “Mijina, ka gwada ta da ruwa?” Na ce ban gwada ba.

Na gwada.

Laraba, 23 ga Yuni, da sassafe

Ruwan da na zuba jiya yana nan. Ko ɗigo bai fita ba.

An jima dattawa za su zo. Fibi ta share tsakar gida tun asuba, ta shimfiɗa tabarmar baƙi, ba ta kalle ni ba. Na san abin da zan ce game da ita. Ba zan ƙara riƙe 'yar mutane ba, ta yi mini abin da 'yar cikina ba za ta yi ba, ta je. Hamajoɗa ya ajiye sandarsa.

Amma ɗaya maganar, a'a. Suna so in miƙe a gaban coci in faɗi da bakina abin da ba wanda ya gani. Gwamnati ba ta faɗa ba, masu bindiga ba su faɗa ba, waɗanda suka gudo ba su faɗa ba, Allah ma da nake durƙusa masa tun ina saurayi bai faɗa ba. Sai ni, tsoho mai ido ɗaya da rabi, ni za a sa in rufe ɗana da baki don kowa ya samu ya yi barci.

Ga moɗa a gabana cike da ruwa. Jikata ta gina, baƙo ya gasa, mai ita bai zo ya sha ba. In na zubar, na ce ba zai zo ba. In na sha, na ci gadonsa. In na bari, sauro zai yi ƙwai a ciki.

To ni na gaji da a ce in dawo mako mai zuwa. Akwai wanda ya ga inda Joel ya bi da yaran nan. Akwai wanda ya tsaya a wurin, da ido biyu a kansa, yana nan da rai yau yana shan shayi a wani gari. Ko soja ne, ko ɗaya daga cikin mutanen nan da aka ce sun tuba an ba su sana'a, ko yaron ajinsa da ya girma, ban damu ba. Ba zan kai ƙara ba, ba zan zage shi ba. Ya zo Alkalawa, bayan gidan burodi, gida mai sabon kwano falle biyu. Ya tsaya a ƙofa ya ce mini, Zadok, ajiye ruwan nan, ko kuwa, Zadok, zubar.

Ga sallamarsu nan a waje. Su jira. Ni aka fara yi wa alkawarin amsa, kuma yau sai wani ya amsa mini.